Waƙar Siyasa a Gaban Alƙali: Ina Zambo Ya Tsaya, Ina Laifi Ya Fara?

A shekarar 2011 wata kotu a birnin Johannesburg na Afirka ta Kudu ta hana ɗan siyasa Julius Malema rera wata tsohuwar waƙar gwagwarmaya a tarukan siyasa. Tun zamanin yaƙi da mulkin wariyar launin fata ake yin waƙar, kuma in aka ɗauki amshinta a zahiri, kira ne da a harbe fararen fatar da ake ce wa Boer. Alƙali ya ce wannan kalaman ƙiyayya ne. Daga baya ƙungiyar da ta kai ƙarar farko, AfriForum, ta sake gurfanar da Malema da jam'iyyarsa ta EFF a kan waƙar nan dai, sai wani alƙalin ya kori ƙarar a 2022. Babbar kotun ɗaukaka ƙara ta goyi bayansa a 2024, kotun tsarin mulki kuma ta ƙi karɓar maganar a 2025.

Wanda ya ji haka zai iya ɗauka cewa shari'ar waƙa son ran alƙali ce kawai. Ba haka abin yake ba. A tsakanin hukuncin biyu, a 2021, kotun tsarin mulkin Afirka ta Kudu ta taƙaita ma'anar kalaman ƙiyayya a wata shari'a dabam. Ta ce don magana ta yi wa mutum ciwo a rai, wannan kaɗai bai isa ba. Sai ta kasance mai cutarwa ko mai ingiza a cutar, tana kuma yaɗa ƙiyayya. Da aka zo 2022, masu ƙara sun kasa nuna alaƙa tsakanin rera waƙar da hare-haren da ake kai wa manoma fararen fata a gonakinsu. Ma'auni ne ya sauya, hujja kuma ba ta kai ba. A kan waɗannan abubuwa biyu, ma'auni da hujja, rigimar waƙar siyasa take juyawa a duk inda aka bar kotu ta yi aikinta.

## 'Yancin da sharaɗin da ke biye da shi

Kusan kowane tsarin mulki a duniya ya ba da 'yancin faɗar albarkacin baki, kuma kusan kowane ya biyo shi da "amma". Madogarar da aka fi komawa gare ta ita ce yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya kan 'yancin jama'a da na siyasa, wadda aka amince da ita a 1966, ta fara aiki a 1976, kuma ƙasashe fiye da 170 suka shiga cikinta. Sashe na 19 ya ce kowa na da 'yancin neman labari da ra'ayi, da karɓarsu, da isar da su, da baki ko a rubuce ko ta hanyar fasaha. Ke nan waƙa ba alfarma aka yi mata ba, tana cikin haƙƙin tun asali.

Sashen ya yarda a taƙaita 'yancin, amma da sharuɗɗa. Dole taƙaitawar ta kasance a cikin doka rubutacciya, a fayyace yadda mutum zai san abin da aka hana kafin ya aikata. Dole manufarta ta zama kare haƙƙi ko mutuncin wasu, ko tsaron ƙasa, ko zaman lafiya, ko lafiyar jama'a da tarbiyyarsu. Sannan dole ta zama larura, hukuncin kuma ya yi daidai da girman ɓarnar. Sharaɗi na ƙarshen nan shi ne wanda gwamnatoci suka fi faɗuwa a kansa, domin samun manufa mai daɗin ji abu ne mai sauƙi. Nuna cewa babu wata hanya sai ɗauri shi ne aiki.

Sashe na 20 kuwa wajabtawa ya yi. Ya ce ƙasashe su haramta farfagandar yaƙi, da duk kiran ƙiyayya ta ƙabila ko launi ko addini da ya kai ga tunzura mutane su nuna wariya ko gaba ko su yi ta'adi. Yarjejeniyar Afirka ta 1981, a sashe na 9, ta ba da 'yancin bayyana ra'ayi "a cikin doka". Tsarin mulkin Najeriya na 1999 shi ma haka ya bi: sashe na 39 ya bayar, sashe na 45 ya buɗe ƙofar taƙaitawa.

## Abubuwan da ake cakuɗawa

Yawancin ruɗanin yana zuwa ne daga haɗa abubuwa mabambanta a ƙarƙashin suna ɗaya, a ce mawaƙi "ya wuce gona da iri".

Suka ita ce ta farko. Mawaƙi ya ce gwamnati ta gaza, talaka na cikin yunwa, alƙawari bai cika ba. Wannan ra'ayi ne, kuma shi ne ainihin abin da aka yi 'yancin dominsa. Ba a buƙatar ya zama adalci, ba a buƙatar ya zama da ladabi.

Zagi ko cin fuska shi ne inda ƙasashe suka fi saɓa wa abin da suka sa wa hannu. Kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya da ke fassara yarjejeniyar ya faɗa a 2011 cewa don magana ta zama cin fuska ga mai riƙe da muƙami, wannan bai isa dalilin hukunci ba, kuma har shugabannin ƙasa ana iya sukarsu. Kotun kare haƙƙin ɗan Adam ta Turai tun a 1986 ta ce ɗan siyasa ya fi gama-garin mutum wajabcin haƙuri da suka, tunda shi ya kawo kansa fili. Duk da haka dokokin zagin shugaba suna nan. A Thailand cin mutuncin sarki ɗaurin shekara 3 zuwa 15 ne, a Turkiyya zagin shugaban ƙasa yana iya kai mutum ɗaurin shekara 4.

Ɓata suna dabam ne da zagi, ko da yake a waƙa suna tafiya tare. Ɓata suna shi ne a jingina wa mutum wani aiki takamaimai na ƙarya wanda zai zubar da mutuncinsa. Baitin da ya kira 'yan siyasa ɓarayi gaba ɗaya, kotu za ta iya ɗaukarsa a matsayin kambamawa irin ta mawaƙa. Baitin da ya kama sunan kwamishina, ya ce shi ya sace kuɗin gina wani asibiti, ya zama iƙirari da ake iya tantance gaskiyarsa ko ƙaryarsa, kuma kiɗan da aka ɗora masa ba ya wanke shi. Abin da ake jayayya a kai shi ne irin hukuncin: diyya a kotun farar hula, ko gidan yari? Ghana ta soke dokar ɗauri kan ɓata suna a 2001. A 2014 kotun Afirka da ke Arusha, a ƙarar ɗan jarida Lohé Issa Konaté da Burkina Faso, ta ce ɗaure mutum saboda ɓata suna ya saɓa wa yarjejeniyar Afirka. Babbar kotun Kenya ta bi sahu a 2017. Ƙasashe da yawa har yanzu ba su taɓa dokarsu ba.

Sai barazana da tunzurawa. Barazana ita ce a nufi wani mutum sananne da alƙawarin cutarwa yadda zai ji tsoron gaske. Tunzurawa ita ce a ingiza wasu su aikata ɓarnar. A nan babu saɓani a kan asalin haramcin, ko a ƙasashen da suka fi kowa sakin baki.

Akwai kuma tsohuwar dokar nan ta "sa jama'a su ƙi gwamnati", wadda Turawan mulkin mallaka suka bar wa ƙasashe da dama. Ingila da kanta ta soke tata a 2009. A Najeriya kotun ɗaukaka ƙara ta ce tun a 1983, a shari'ar marubuci Arthur Nwankwo wanda ya soki gwamnan tsohuwar jihar Anambra, dokar ba ta dace da tsarin mulkin 'yantacciyar ƙasa ba. Aibin irin wannan doka a fili yake: duk waƙar adawa burinta ke nan, ta sa mutane su daina son mai mulki.

## Me ya sa waƙa ta fi jawabi wuyar hukunci

Mawaƙi ba ya magana irin ta mai karanta sanarwa. Yana kambamawa, yana aron bakin wani, yana cewa "ni" alhali wani yake nufi. Idan ya ce gari zai kama da wuta, yana iya zama gargaɗi, yana iya zama kuka, yana iya zama kira. Lauyan gwamnati zai kwafe baitin a takarda, ya cire kiɗa da murya da dariyar masu sauraro, ya karanta wa alƙali shi tsirara. Lauyan mawaƙi kuma zai ce ai salon haka ya gada. Wannan ce ta sa jihar Kaliforniya ta Amurka ta yi doka a 2022 da ta tilasta wa alƙalai su yi taka-tsantsan kafin su karɓi baitocin mawaƙi a matsayin hujja a kansa, bayan ƙorafin cewa ana amfani da waƙoƙin gambara wajen ɗaure matasa baƙaƙen fata.

Habaici ya ƙara dagula lissafin. Mawaƙi ba ya kama suna, sai ya siffanta tafiyar mutum, ko hularsa, ko wani abin kunya da aka san shi da shi. Kowa ya yi zagi a kasuwa ya san da wanda yake, masu sauraro ma sun sani. A dokar ɓata suna rashin ambaton suna ba kariya ba ce, muddin mai hankali da ya ji zai gane wanda ake nufi. Sai dai mai ƙarar yana cikin tsaka mai wuya: kafin ya ci shari'a sai ya tsaya a gaban kotu ya tabbatar da cewa mummunar siffar nan tasa ce. Shi ya sa masu mulki da yawa ba sa kai ƙara da kansu, sukan bi ta wata hanyar.

Ta ɗaya gefen kuma, abin da ya sa waƙa ta cancanci sassauci shi ne ya sa ake tsoronta. Jawabi ana jinsa a manta. Waƙa ana haddace ta, yara su ɗauka, taro ya amsa da murya ɗaya, wanda bai iya karatu ba ma ta kai gare shi. A 1999 kotun Turai ta wanke wani Bakurde da Turkiyya ta ɗaure saboda waƙoƙinsa na rubutu masu zafi, kuma cikin dalilanta har da cewa masu karanta irin wannan waƙa kaɗan ne, don haka haɗarinta kaɗan ne. Wannan dalili ba zai yi aiki ga waƙar da ta zaga wayoyi miliyan a kwana biyu ba.

## Darasin Ruwanda

Shari'ar da ta fi kowace zurfafa bincike a kan wannan batu ita ce ta Simon Bikindi, fitaccen mawaƙin Ruwanda, a kotun ƙasa da ƙasa da aka kafa a Arusha bayan kisan ƙare dangi na 1994. Gidan rediyon RTLM ya yi ta sa waƙoƙinsa a lokacin da ake kashe 'yan ƙabilar Tutsi, shaidu kuma sun ce makasa suna rera su. In akwai waƙar da za a ce ta yi kisa, to waɗannan ne.

Kotun ta zauna ta bi waƙoƙi uku baiti-baiti, da taimakon masana harshen Kinyarwanda da tarihin ƙasar. Ta gamsu cewa waƙoƙin suna ɗauke da ƙin Tutsi, an shirya biyu daga cikinsu don yaɗa wannan aƙida, kuma an yi amfani da su wajen rura wutar kisan. Amma ba ta same shi da laifi a kansu ba, domin an yi su ne kafin kisan ya fara, kuma masu gabatar da ƙara ba su tabbatar da cewa yana da hannu a yadda rediyo ya riƙa watsa su a 1994 ba. Abin da ya ɗaure shi wani abu ne dabam. A ƙarshen watan Yuni na 1994, a yankin Gisenyi, ya bi hanya a cikin mota mai lasifika yana kiran Hutu su tashi su gama da Tutsi, da ya dawo kuma yana tambaya ko an kashe su. A kan wannan aka yanke masa shekara 15 a watan Disambar 2008, aka tabbatar da hukuncin a 2010.

Kowane ɓangare yana samun abin kamawa a nan. Masu neman a tsaurara doka suna cewa ga kotun duniya ta yarda waƙa na iya zama makamin kisa. Masu kare mawaƙa suna cewa ko a kisan da ya ci rayuka kusan 800,000, kotu ba ta yarda ta ɗaure mutum a kan baiti ba sai da hujjar niyya da ta aiki. Duka biyun gaskiya ne, kuma hukuncin ya nuna irin wahalar da ya kamata mai tuhuma ya sha kafin ya ce waƙa laifi ce.

Daga irin wannan tunani aka fitar da ma'aunin Rabat a 2012, a ƙarƙashin ofishin kare haƙƙin ɗan Adam na Majalisar Ɗinkin Duniya. Ya ce kafin a kira magana tunzurawa a duba abu shida: yanayin da aka yi ta, matsayin mai yin ta, niyyarsa, abin da ta ƙunsa da salonta, iyakar inda ta kai, da yiwuwar ta haifar da ɓarna nan kusa. Baiti ɗaya zai iya zama tarihi a zauren tunawa da 'yan gwagwarmaya, ya zama umarni idan aka rera shi ga matasa masu riƙe da makamai a ƙofar unguwar waɗanda ake zagi.

## Inda ƙasashe suka rabu

Amurka ce ta fi kowa nisa wajen kariya. Tun hukuncin kotun ƙolinta na 1969, ba a hukunta mai kiran tawaye sai in maganarsa ta nufi haddasa karya doka nan take, kuma akwai yiwuwar hakan ta faru. A 1992 wata waƙa da ta yi maganar kashe 'yan sanda ta tayar da ƙura har shugaban ƙasa ya yi tir da ita, amma ba a gurfanar da kowa ba. Matsin lamba ne ya sa aka cire ta daga faifan. Sai dai ko a can akwai iyaka. A 2018 kotun ƙolin jihar Pennsylvania ta tabbatar da hukuncin wani mawaƙin gambara da ya ambaci sunayen 'yan sanda biyu da suka taɓa kama shi, ya kuma yi musu alƙawarin kisa a waƙa. Fushi da 'yan sanda gaba ɗaya ra'ayi ne. Kama sunan mutum biyu ya mai da shi barazana.

Jamus, saboda tarihinta, ba ta jira sai ɓarna ta kusa. Dokarta ta hana tunzura ƙiyayya ga wani rukuni na jama'a, kuma a 2003 wata kotu a Berlin ta ɗauki wata ƙungiyar mawaƙa masu aƙidar Nazi a matsayin ƙungiyar masu laifi, ta hukunta 'ya'yanta. Abin lura shi ne wanda dokar ke karewa: tsirarun da ake farauta, ba mai mulki ba.

Sifaniya ta nuna yadda abin ke rikicewa ko a dimokuraɗiyya. An yanke wa mawaƙi Valtònyc shekara 3 da rabi bisa ɗaukaka ta'addanci da barazana da zagin sarauta, ya tsere zuwa Beljiyam a 2018. Neman a maido shi ya jawo abin da ba a zata ba: a 2021 kotun tsarin mulkin Beljiyam ta duba tata dokar zagin sarki ta 1847, ta ce ta saɓa wa 'yancin magana. A watan Fabrairun 2021 kuma, a Sifaniya, aka kama mawaƙi Pablo Hasél a jami'ar Lleida don ya yi zaman wata 9 a kan saƙonnin Twitter da waƙa, aka kwana da kwanaki ana tarzoma a Barcelona. A can ƙarshen layi kuma akwai Iran, inda aka yanke wa mawaƙi Toomaj Salehi hukuncin kisa a watan Afrilun 2024, kafin kotun ƙoli ta soke shi bayan wata biyu.

## Hukuncin da ba ya bi ta gaban alƙali

Duk abin da ya gabata yana ɗauka cewa za a kai baitin kotu a auna shi. A aikace, mafi yawan mawaƙan da suka sha wuya saboda waƙar siyasa ba a taɓa karanta baitinsu a gaban alƙali ba. A nan ne ainihin iyakar take, kuma ba a rubuce take ba.

Hanya ɗaya ita ce a tuhumi mutum da wani laifi dabam. Lapiro de Mbanga na Kamaru ya yi waƙa yana sukar gyaran tsarin mulkin da ya cire wa Shugaba Paul Biya iyakar wa'adi a 2008. Ba a tuhume shi da waƙar ba, an ce yana da hannu a tarzomar da aka yi a watan Fabrairun shekarar, ya yi shekara 3 a kurkuku. Fela Kuti, bayan waƙarsa da ta yi wa sojoji zambo, sojoji kusan 1,000 suka far wa gidansa a Legas a watan Fabrairun 1977, suka ƙone shi, aka jefo mahaifiyarsa ta taga, ta rasu a shekara mai zuwa. Binciken gwamnati ya ɗora laifin a kan sojan da ba a san ko wane ne ba. Da aka ɗaure shi a 1984, laifin fita da kuɗin waje aka ambata.

Wata hanyar ita ce ta hukumomin lasisi da na tace waƙoƙi. Ba sa ɗaure kowa. Takarda ce kawai za ta je gidajen rediyo da talabijin cewa kada a sa waƙa kaza, kamar yadda hukumar NBC ta Najeriya ta yi wa wata waƙar Eedris Abdulkareem a watan Afrilun 2025. Mai gidan rediyo da ke tsoron lasisinsa ba zai tsaya gardama ba, kuma gobe da kansa zai ƙi sa wadda ba a ma hana ba. Matsalar shari'a a nan ita ce hukuma ɗaya ce mai ƙara, ita ce mai hukunci. A kan wannan dalili wata babbar kotun tarayya a Abuja ta ce a 2023 hukumar ba ta da ikon cin tarar gidajen watsa labarai, tunda ita ba kotu ba ce. A Yuganda, hana izinin taro aka yi ta amfani da shi a kan mawaƙi Bobi Wine bayan ya shiga majalisa a 2017, aka riƙa soke wasanninsa ɗaya bayan ɗaya.

Abin da ya faru a Tanzaniya a watan Maris na 2017 ya fito da siffar lamarin sarai. An kama mawaƙi Nay wa Mitego, aka hana waƙarsa, washegari aka ce Shugaba Magufuli ya ba da umarni a sake shi, a kuma ci gaba da sa waƙar. Mutane sun yi murna. Amma sakin da aka yi da umarnin mutum ɗaya, kamun ma da umarnin mutum ɗaya zai iya dawowa, kuma babu wani ma'auni da mawaƙi na gaba ya samu da zai dogara da shi.

Sai kamun da ba a nufin ya kai ga hukunci. A tsare mutum ranar Juma'a, a ja maganar beli mako biyu ko uku, a sa shi ya nemi afuwa a bidiyo, sannan a bar shari'ar ta mutu. A takarda ba a same shi da laifin komai ba. A zahiri ya biya lauya, ya rasa wasanni, sauran mawaƙa kuma sun ga abin da ya same shi.

## Hujjar kowane ɓangare

Masu goyon bayan tsaurarawa ba duka ne 'yan koren gwamnati ba. Suna nuna cewa a ƙasar da ƙabilanci ko addini ke kusa da fatar siyasa, jiran sai ɓarna ta zo nan take daidai yake da jiran gawa. Kenya ta kafa hukumar haɗin kan ƙasa bayan rikicin zaɓen 2007 da ya ci rayuka fiye da 1,000, kuma a 2012 aka gurfanar da wasu mawaƙa uku bisa zargin kalaman ƙiyayya gabanin zaɓe. Dokar zaɓen Najeriya ta 2022, a sashe na 92, ta hana yaƙin neman zaɓe da zagin da zai taɓa addini ko ƙabila ko yanki. Suna kuma tunatarwa cewa waƙar siyasa sau da yawa haya ce: ɗan takara ya biya, mawaƙi ya zagi abokin hamayya har da iyayensa da matarsa, waɗanda ba su tsaya takarar komai ba. Su ma suna da haƙƙin mutunci.

Masu adawa suna amsawa da tambayar wa zai riƙe wuƙar. Dokar da aka yi da kalmomi masu faɗi, irin su "ɓata rai" ko "tayar da hankali" ko "rashin ɗa'a", tana hannun wanda ake suka, shi ne zai zaɓi wanda za ta hau kansa. Suna nuna cewa da wuya a ga an kama mawaƙin jam'iyya mai mulki, ko da zambonsa ya fi na kowa muni. Sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta Najeriya ta 2015 misali ne: ya haramta saƙon da ke jawo ɓacin rai ko cin fuska, kotun ECOWAS ta ce ya saɓa wa 'yancin magana, aka taƙaita shi a gyaran 2024.

Idan aka auna hujjojin biyu da ma'aunin yarjejeniyar da ƙasashen suka sa wa hannu, damuwar ɓangaren farko tana da wuri a doka, amma wurin ƙunci ne: tunzura ƙiyayya ga jama'a, barazana ga mutum, da ƙarya takamaimai. Kare shugaba daga jin kunya ba ya cikin jerin.

## Abin da ya shafi wanda ba mawaƙi ba

A da, mai sauraro ba shi da haɗari. Yanzu duk mai waya mai watsawa ne. A dokokin ɓata suna na ƙasashe da yawa, wanda ya maimaita magana yana ɗaukar alhakinta kamar wanda ya fara, don haka tura waƙa a rukunin WhatsApp ko ɗora murya a kanta a TikTok yana iya shigar da mutum cikin tuhuma. Kuma shi ne ya fi sauƙin kamu, domin fitaccen mawaƙi yana da lauya da magoya baya da 'yan jarida, ɗalibin da ya tura waƙar ba shi da ko ɗaya. Mai ɗakin ɗaukar sauti, da mai kiɗa a wurin biki, da mai gabatar da shiri a rediyo duk suna cikin wannan layi.

Kamfanonin intanet su ma sun zama masu yanke hukunci. A watan Mayun 2024 kotun ɗaukaka ƙara ta Hong Kong ta amince da buƙatar gwamnati ta hana yaɗa waƙar masu zanga-zangar 2019, bayan kwanaki YouTube ya toshe bidiyo 32 ga masu kallo a yankin. Ba sai an kama kowa ba, waƙar ta ɓace daga inda aka saba samunta. A wasu lokutan kuma kamfanin ne da kansa ke sauke waƙa bisa ƙa'idojinsa, ta hannun na'ura ko ma'aikacin da bai san harshen ba, balle ya bambanta habaici da barazana. Wanda aka sauke wa waƙa ta wannan hanya ba shi da kotun da zai je, sai dai ya cike fom ya jira amsa.